Girgizar da ta ratsa Daudawa ba wanda ya ji: yadda ake gano karon baƙaƙen ramuka a sararin samaniya

Ranar Litinin ce, 14 ga Satumba, 2015, saura kwana goma Babbar Sallah. Damina ta kusa ɗaukewa, masara ta nuna a gonakin Daudawa, auduga kuma ta fara 'ya'ya. Da ƙarfe 10:50 na safe agogon Najeriya, wani abu ya ratsa garin. Ya ratsa Faskari da Sabuwa da Ƙanƙara da Funtuwa, ya ratsa gidaje da rumbuna da jikin duk mutumin da ke wurin, ya ɗan miƙe su ta gefe guda, ya matse su ta ɗaya gefen. Duka-duka bai wuce kashi ɗaya bisa biyar na sakan ba. Ko akuya ba ta ɗaga kai ba.

Ba Daudawa kaɗai ba, duniya gaba ɗaya abin ya ratsa. Amma a duk faɗin duniyar nan na'urori biyu ne kacal suka ji shi, dukansu a Amurka. Abin da suka ji shi ne amon karon wasu baƙaƙen ramuka biyu, karon da ya auku kimanin shekara biliyan 1.3 da suka wuce. Yau za mu duba yadda aka ƙera kunnen da ya ji wannan raɗa, dalilin da ya sa masu shi suka yi shiru wata biyar kafin su faɗa wa duniya, da kuma yadda wayar da ke hannunka za ta iya shiga cikin aikin.

Mece ce igiyar girabiti?

Girabiti shi ne ƙarfin da ke jawo wayarka ƙasa idan ta suɓuce, shi ne kuma ke riƙe da wata yana zagaya duniya. A 1915 Albert Einstein ya zo da sabon bayani a kansa. Ya ce sarari da lokaci kamar shimfiɗa guda suke, kuma duk abu mai nauyi yana lotsa wannan shimfiɗa.

Ka sa mutum huɗu su riƙe kusurwoyin zanen gado su ja shi ya miƙe, sannan ka ɗora kankana a tsakiya. Zanen zai lotsa. Ka gangara lemon tsami daga gefe, za ka ga ya karkata ya nufi kankanar. Babu igiyar da ta jawo shi, lotsawar zanen ce ta juya shi. Haka rana ke yi wa duniya.

To idan kankana biyu ne suna zagaya juna da sauri fa? Zanen zai riƙa kaɗawa, kaɗawar kuma ta bazu zuwa gefe kamar yadda ruwan tafki ke yi idan an jefa dutse. A 1916 Einstein ya lissafa cewa sararin samaniya ma haka yake yi. Wannan kaɗawa ita ake kira igiyar girabiti. Tana tafiya da gudun haske, kimanin kilomita 300,000 a sakan, kuma babu dutse ko ƙarfen da ke tare ta. Duk abin da ta ratsa sai ta ƙara masa tsawo ta nan ta rage ta can, sannan ta juya.

Matsalar ita ce ƙanƙantarta. Einstein kansa bai zaci za a taɓa iya auna ta ba, har ma a 1936 ya yi shakkar ko akwai ta.

Abin da ya faru can nesa

Idan tauraro mai tsananin girma ya ƙare makamashinsa, nauyinsa na iya rushe shi ya dunƙule wuri guda, har jan da yake yi ya kai ko haske ba ya iya kuɓuta daga gare shi. Shi ne baƙin rami. Don ka gane irin dunƙulewar: da za a matse duniyar nan tamu har ta zama baƙin rami, ba za ta wuce girman ɗan magarya ba.

Ramukan da aka ji karonsu a 2015, ɗaya ya ninka nauyin rana sau 36, ɗayan sau 29. Amma faɗin ƙaramin bai wuce kamar tafiyar Kano zuwa Katsina ba. Sun daɗe suna zagaya juna suna matsowa sannu a hankali. A ƙarshe sai da suka kai suna kewaya juna kusan sau 75 a sakan guda, da gudun da ya kai rabin na haske, sannan suka haɗe suka zama rami ɗaya mai nauyin rana 62.

Yi lissafin da kanka: 36 a tara da 29 ai 65 ne. Ina sauran ukun suka tafi? Nauyin rana uku cur ya rikiɗe ya zama makamashi, ya fita a matsayin igiyar girabiti cikin ƙiftawar ido. A daidai wannan lokacin, ƙarfin da karon ya fitar ya zarce na hasken dukan taurarin da ake iya hangowa a haɗe. Duk da haka babu walƙiya, babu hasken da madubin hangen nesa zai gani. Da ba don an ji shi ba, da ba wanda zai san an yi.

Kafin igiyar ta iso mana ta yi rauni matuƙa. Idan ka ɗauki tazarar da ke tsakanin duniya da rana, kilomita miliyan 150, canjin da igiyar ta yi wa wannan tazara bai wuce faɗin ƙwayar zarra guda ba. Shi ya sa ba wanda ya ji komai a Daudawa.

Kunne mai tsawon kilomita 4

Na'urar da ta ji ana kiranta LIGO. Guda biyu ne: ɗaya a Livingston da ke jihar Luwiziyana, ɗaya a Hanford da ke jihar Washinton, tsakaninsu kimanin kilomita 3,000. Kowace siffar harafin L gare ta, hannuwa biyu, kowane hannu bututu ne mai tsawon kilomita 4. Tsawon ya kai sai da magina suka yi la'akari da lanƙwasar doron ƙasa, wadda ta haura mita guda daga wannan ƙarshe zuwa wancan. An zuƙe iskar cikin bututun har abin da ya rage bai wuce kashi ɗaya cikin tiriliyan na iskar da muke shaƙa ba.

Ga yadda take aiki. Ana harba hasken leza, a raba shi gida biyu, kowane rabi ya bi hannu guda. A ƙarshen kowane hannu akwai madubi mai nauyin kilo 40. Hasken yana kai da komowa tsakanin madubai kusan sau 300, ya zama kamar ya yi tafiyar kilomita 1,200, sannan rabin biyu su dawo su haɗu.

Idan kana da abin saurare na kunne mai kashe hayaniya, ka riga ka san dabarar da ke biye. Abin sauraren yana ɗaukar ƙarar janareta, ya ƙirƙiro kishiyarta, su biyun su kashe juna, kai kuma ka ji shiru. Haka aka saita LIGO: idan hannuwan biyu suna nan yadda suke, hasken da ya dawo daga wannan yana kashe na wancan, na'urar da ke kallo ta ga kusan duhu. Da zarar igiyar girabiti ta ƙara wa hannu ɗaya tsawo ta rage wa ɗayan, sai daidaiton ya ɓaci, ɗan haske ya ɓullo. Wannan ɗan hasken ake karantawa.

Nawa ne motsin? A karon 2015, hannun mai kilomita 4 ya canza da abin da bai kai kashi ɗaya cikin ɗari na faɗin furoton ba, furoton kuwa ɗan ƙaramin abu ne da ke can tsakiyar ƙwayar zarra.

Hayaniya ce babbar abokiyar gaba

Na'urar da ke jin motsi irin wannan tana jin komai. Tana jin mota a kan titi, da iska, da igiyar teku tana dukan gaɓa daga nesa, da girgizar ƙasa a wata nahiya. A Livingston masu sare itatuwa a dajin da ke kewaye sun daɗe suna hana ta sakat. A Hanford an taɓa yin ta neman musabbabin wata ƙara, ashe hankaki ne ke saran ƙanƙarar da ta daskare a jikin bututun sanyaya na'ura saboda zafin rani.

Abin kamar ka tsaya tsakiyar kasuwar Funtuwa ranar da ta cika, kana son jin faɗuwar allura. Dabaru uku aka haɗa.

Ta farko, an rataye madubai. Kowane madubi yana lilo a ƙarshen matakai huɗu na rataya, matakin ƙarshe da zaren gilashi siriri. Kowane mataki yana shanye wani kaso na girgizar ƙasa kafin ta kai ga madubin. Akwai kuma dandamali masu sensa da ke jin motsi su tura kishiyarsa, kamar yadda kyamarar wasu wayoyi ke gyara rawar hannu idan kana ɗaukar bidiyo.

Ta biyu, an gina na'ura biyu nesa da juna. Motar da ta wuce a Luwiziyana ba za a ji ta a Washinton ba. Igiyar gaske kuwa dole ta bayyana a duka biyun, kuma tazarar ba za ta wuce kashi 10 cikin 1,000 na sakan ba, domin iyakar lokacin da haske ke ɗauka tsakaninsu ke nan. A ranar 14 ga Satumba, Livingston ce ta fara ji, Hanford ta biyo baya da kashi 7 cikin 1,000 na sakan.

Ta uku, an san irin muryar da ake nema. Daga lissafin Einstein, kwamfutoci sun riga sun zana yadda amon karo zai kasance ga ramuka masu nauyi iri-iri, dubban ɗaruruwan samfura. Sai a riƙa gwada su da abin da na'ura ta ɗauko, kamar yadda manhajar Shazam ke gano waƙa ko da ana surutu a wurin. Amon 2015 ya faro daga kaɗawa 35 a sakan ya haura zuwa 250. Wannan yana cikin abin da kunnen mutum ke ji, don haka da aka mayar da shi sauti sai ya fito kamar ɗan gajeren kukan tsuntsu mai tashi sama. Yana nan a YouTube, ka nemi GW150914. Sunan kansa kwanan wata ne: shekara 15, wata 09, rana 14.

Wata biyar ba su ce uffan ba

Mutumin da ya fara ganin alamar shi ne Marco Drago, wani matashin masani ɗan Italiya da ke aiki a birnin Hanoba na Jamus. Kwamfuta ta turo masa saƙo 'yan mintoci bayan wucewar igiyar. Abin da ya fara zuwa masa a rai shi ne gwaji ne, domin alamar ta yi kyau da yawa, kuma a lokacin ba a ma buɗe zangon bincike a hukumance ba.

Yana da dalilin zargi. LIGO na da wata al'ada: wasu mutane ƙalilan suna da izinin cusa alamar bogi cikin na'ura a asirce don a gwada sauran. A Satumban 2010 an yi haka. Masana suka shafe wata shida suna nazari, suka rubuta takarda, sai a Maris 2011 aka buɗe ambulan aka ce musu ta bogi ce. Akwai kuma darasin Joseph Weber na Jami'ar Maryland, wanda a 1969 ya sanar cewa ya gano igiyar da wasu manyan gangunan alminiyam, amma duk wanda ya maimaita gwajinsa bai ga komai ba.

Saboda haka a wannan karon suka bi abin dalla-dalla. Suka tabbatar babu wanda ya cusa komai. Suka duba ko kutse aka yi musu. Suka binciki sensa-sensan da ke auna girgiza da ƙara da maganaɗisu a wuraren biyu. Suka lissafa cewa kafin hayaniya kawai ta haifar da irin wannan alama a na'urorin biyu lokaci guda, sai a jira fiye da shekara 200,000. Sai ranar 11 ga Fabrairu, 2016 suka sanar, da takarda mai ɗauke da sunayen mutum fiye da 1,000. Mutum dubu sun riƙe labari mafi girma a rayuwarsu wata biyar suna neman inda suka yi kuskure. Mu da muke tura saƙon WhatsApp kafin mu gama karanta shi, akwai abin dubawa a nan.

Haƙurin ma ya fi haka tsawo. LIGO ta farko ta saurara daga 2002 zuwa 2010 ba ta ji komai ba. Aka kashe ta aka shafe shekara biyar ana inganta ta. Kuɗin da aka zuba a aikin ya haura dala biliyan ɗaya. A 2017 Rainer Weiss da Barry Barish da Kip Thorne suka karɓi kyautar Nobel a kai. Weiss, wanda ya zana tsarin na'urar tun 1972, ya rasu a Agustan 2025.

Daga ɗaya zuwa ɗaruruwa

Yanzu LIGO ba ita kaɗai ba ce. Akwai Virgo kusa da birnin Pisa na Italiya, da KAGRA da aka haƙa a ƙarƙashin dutse a Japan, kowace da hannu mai kilomita 3. Indiya ta amince a 2023 ta gina tata. Yawan na'urorin yana taimakawa wajen gano inda amon ya fito, kamar yadda kunne biyu ke gaya maka ta wane gefe aka kira sunanka. Zuwa cikar shekara goma da ganowar farko, an ji karo kusan 300.

Uku daga ciki sun cancanci a ambata. Ranar 17 ga Agusta, 2017 an ji karon wasu taurarin niyutiron biyu, waɗanda su ma gawar taurari ce amma ba su kai ga zama baƙin rami ba. Su suna fitar da haske, don haka cibiyoyin hangen nesa kusan 70 suka juya suka gan shi. A cikin tarkacen an ga alamun ƙarafa masu nauyi, abin da ya ƙarfafa ra'ayin cewa irin wannan karo ne ke samar da kaso mai yawa na zinari. Ke nan zinarin da ake haƙowa a Zamfara, da ɗan kunnen da ke kunnen yayarka, asalin wani ɓangarensu daga irin wannan wuri yake.

A Nuwamban 2023 an ji karo mafi nauyi, wanda ya haifar da rami mai nauyin rana kusan 225. Ranar 14 ga Janairu, 2025 kuma aka ji amo mafi tsabta, har aka yi amfani da shi aka gwada hasashen da Stephen Hawking ya yi a 1971, cewa idan ramuka biyu suka haɗe faɗin fuskarsu ba ya raguwa. Kafin karon jimillar ta kai murabba'in kilomita 240,000, bayansa ta zama kusan 400,000. Hasashen ya tsaya.

Hukumar sararin samaniya ta Turai kuma tana shirin harba LISA wajen 2035: kumbo uku da za su riƙa harba wa juna leza, tsakaninsu kilomita miliyan 2.5.

Ina ruwan mai waya da wannan?

Lissafin da ya yi hasashen igiyar girabiti shi ne ke sa taswirar wayarka ta san inda kake. Taurarin ɗan Adam na GPS suna can sama da kilomita 20,000, inda jan duniya ya fi rauni, don haka agogonsu yana gaba da namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan a kowace rana. Da ba a gyara wannan da lissafin Einstein, da kuskuren zai riƙa taruwa har kusan kilomita 10 a kullum. Kwana biyu kawai, mai Google Maps a Daudawa zai ga an ajiye shi a wani gari.

Afirka ma ta sa hannu. MeerKAT, tarin faifan rediyo 64 da ke Afirka ta Kudu, yana bibiyar wasu taurari masu bugawa kamar agogo, kuma a Disamban 2024 masu aiki da shi suka fitar da shaidar wasu igiyoyin girabiti masu tsawon gaske da LIGO ba ta iya ji. Gana ta mayar da wani tsohon faifan sadarwa mai mita 32 a Kuntunse ya zama na'urar binciken sama a 2017. A Najeriya, hukumar NASRDA tana da cibiyar kimiyyar sararin samaniya a Nsukka, da cibiyar da ke auna motsin ƙasa a Toro ta jihar Bauchi. Ba mu da na'ura irin LIGO, kuma ba lallai ne mu samu nan kusa ba. Amma bayanan da take tarawa a buɗe suke ga kowa.

Abin da za ka iya yi yau

Ka sauke manhajar phyphox, kyauta ce, Jami'ar Aachen ta Jamus ce ta yi ta. Tana nuna abin da sensar motsi ta wayarka ke ji. Ka ajiye wayar a kan tebur, ka sa wani ya taka ƙasa ko a tayar da janareta, ka kalli yadda layin ke rawa. Sannan ka ɗora ta a kan filo ka sake gwadawa. Matsalar da injiniyoyin LIGO suka shafe shekaru suna fama da ita ke nan a tafin hannunka.

Ka shiga Gravity Spy a dandalin Zooniverse. Ana nuna maka hoton wata ƙara da na'urar ta ɗauko, kai kuma ka zaɓi rukunin da ta faɗa. Ba a buƙatar digiri, ido kawai da natsuwa. Amsoshin masu sa kai su ake koya wa kwamfuta da su don ta riƙa tace hayaniya, kuma masu sa kai sun taɓa gano nau'o'in ƙarar da masanan ba su lura da su ba.

Idan ka fara koyon Python, shafin GWOSC yana ba da ainihin bayanan karon 2015 da darussa mataki-mataki, waɗanda ake iya gudanarwa a Google Colab ba sai kana da babbar kwamfuta ba. Ɗalibin fiziks ko na kwamfuta a Dutsin-Ma ko Katsina ko Zariya zai iya gina aikinsa na ƙarshen karatu a kan wannan. Shafin GraceDB kuma yana wallafa sanarwa cikin mintoci duk lokacin da na'urorin ke aiki suka ji wani abu, da kiyasin ko na gaske ne.

Wanda ke fama da rashin wuta da tsadar data zai iya cewa wannan ba damuwarsa ba ce, kuma ba a ga laifinsa ba. Sai dai datar da ke ƙarewa a kallon bidiyon barkwanci na awa guda ta isa a sauke darasin farko. Igiyoyin nan ba su daina zuwa ba. A zangon bincike na baya-bayan nan ana jin karo kusan duk bayan kwana biyu ko uku, kuma kowane ɗaya sai ya ratsa Daudawa kamar yadda ya ratsa Livingston. Na gaba idan ya wuce, kana iya buɗe wayarka ka ga ƙarfe nawa ya ratsa ka.